Sunan da Baba Mikola Bai Faɗa Ba

Azumi ya sake zagayowa cikin sanyi. Jiya da la'asar na tashi daga aiki a Bron, nan gefen Lyon a Faransa, ina tsaye ina jiran tiram, ɗan jirgin ƙasan cikin gari, ruwa na sauka haɗe da ƙanƙara, irin wanda yake bi ta wuyan riga ya gangara a hankali har gadon baya. 'Yata Nana ta kira ni a waya tana ƙorafi wai yunwa za ta kashe ta, ita da ke zaune a ɗaki mai shofaj, na'urar ɗumama ɗaki, ga firiji cike. Na ce mata ta yi haƙuri, in ta mutu zan sanar da dangi. Ina kashe wayar sai warin tafarnuwa da dafaffen dankali ya bugo ni daga jakar wata tsohuwa da ke kusa da ni. Nan take zuciyata ta koma shekara talatin da wani abu baya, wancan karon da azumi ya faɗo a irin wannan lokaci, shekarar da na yi wa Baba Mikola aiki.

A lokacin ni ɗaliba ce, ban daɗe da zuwa daga Damagaram ba. Bursa, kuɗin karatun da gwamnati ke ba mu, ta daina zuwa daga gida, gwamnatin ma ta kanta take yi. Sahur ɗina taliya ce da mai da gishiri, sai shayi. Babu gero, babu tsamiya, sai in dama garin alkama da ruwan zafi in matsa lemun tsami in ce wa kaina kunu ne. Kwat ɗin da nake sawa ta gwanjo ce, ta namiji, hannuwanta sun wuce yatsuna. Tiram bai zo Bron ba tukuna, bas ake jira, kuma bas ɗin ba ya sauri don wani yana azumi. Ranar gajera ce, wannan gaskiya ne, amma ban taɓa sanin yunwar sanyi ba sai a shekarar. Ta gida ƙishirwa ce ke wahalar da kai. Wannan kuwa a ƙashi take zama, ka ji ƙafafunka ba naka ba ne, malami na magana a aji kai kana kallon bakinsa kamar kifi.

Hajiya Mariyama, wata 'yar Maraɗi da ke Rillieux wadda ta zama uwa ga duk ɗan Nijar da ya faɗo Lyon, ita ta samo mini aikin. Ta ce akwai wani tsoho a Vénissieux, a dogayen benayen Minguettes, ba mata ba ɗa, ana neman mai share masa ɗaki da yi masa cefane bayan la'asar. Ta ce: "Rakiya, an ce yana da wuyar sha'ani, masu aiki biyu sun gudu. Amma ke ma ai ba ki da sauƙi, sai ku gwada."

Dogo ne, ya rankwafa, hannuwansa manya na wanda ya ƙare ƙarfinsa a masana'antar ƙera manyan motoci. Ɗan Yukren ne. Ni a lokacin ban ma san inda ƙasar take ba, na dai ji a rediyo an ce ta fita daga hannun Sobiyet ba da daɗewa ba. A takarda sunansa Mikola, ni kuma bakina ba zai iya kiran tsoho da sunansa tsirara ba, sai na ɗora masa Baba. Faransanci muke yi da shi, nasa a karye, nawa na makaranta.

Gidansa ya fi waje sanyi. Ba ya kunna shofaj da rana, ba ya kunna murhu da rana, tagogi a rufe sai ɗan tsagi. Da safa yake yawo a ɗaki, ba ka jin takunsa, kuma magana a raɗa yake yinta, har sai na matsa kusa. In tari ya zo masa sai ya danna fuskarsa cikin matashi. Ɓawon burodi ba ya shiga shara a gidan, busar da shi yake ya tara a rigar matashi a ƙarƙashin gado. Satin farko na ɗauka rowa ce, na kuma faɗa masa. Na ce Baba, in kuɗin wuta kake ji wa, ni dai yatsuna sun kusa zubewa a bokitinka. Ya kalle ni ya ce in rage murya.

Haka muke yi kullum. In hau bene, sau da yawa da ƙafa don asansar, na'urar hawa bene, ba ta da alƙawari, in gaishe shi gaisuwa irin ta gida, yaya sanyi, yaya jiki, yaya kwanan tari, shi kuma ya amsa da ɗaga gira. In share, in goge, in sauka in sayo dankali da kabeji da tafarnuwa da wani jan tushe da yake miya da shi, in dawo in feraye. Sai rana ta faɗi yake barin a kunna wuta.

Da azumi ya kama, ya lura ba na taɓa shayin da yake ajiye mini. Na yi masa bayani. Ya ce su ma nasu azumin ya kusa shiga, na kafin babban bikinsu na bazara, ba nama ba madara ba ƙwai. Tun daga ranar ya ɗauki wani aiki da ban sa shi ba. Da yamma ta yi sai ya ja kujera gaban tsagin taga ya zauna yana gadin rana. Ina da takardar lokutan salla daga masallaci a aljihuna, amma shi bai yarda da takarda ba. Sai ya ga hasken ya mutu a bayan benaye, ya ɗaga hannu ya sauke kamar mai ba da umarnin harbi, ya ce: "Ci." In sha ruwa, in yi magariba a kan kwat ɗina a ɗan lungun ƙofa, in fito in tarar ya zuba jar miyar nan a kwano biyu, ga burodi baƙi da aka goga wa tafarnuwa. Ban taɓa son miyar ba, zaƙi-zaƙi gare ta da ƙamshin ƙasa. Amma zafinta na sauka har yatsun ƙafa, kuma a shekarar babu wanda ya ciyar da ni kamar tsohon nan.

A kan kwanukan nan labarin ya riƙa fitowa, guntu-guntu, ba a jere ba. A lokacin babban yaƙi shi kwamanda ne na mayaƙan daji, masu neman ƙasarsu ta tsaya da ƙafafunta. Sun yi da Jamusawa, sun yi da Rashawa, kuma da yaƙin duniya ya ƙare nasu bai ƙare ba. Da rani suna cikin kurmi. Da sanyi kuwa ba a iya tafiya, domin ƙanƙara na riƙe sawun mutum, ana bin sa har inda ya kwana. Saboda haka da ƙanƙarar fari ta sauka sai su shiga rami a ƙarƙashin ƙasa su ja murfi, ba fitowa sai ta narke. Ya ce iska kan yi ƙaranci har fitila ta mutu da kanta. Ruwa na ɗiga daga rufi, tufafi na ruɓewa a jiki, haƙora na girgiɗi. Ba a girki sai duhu ya yi don kada a ga hayaƙi, ba a magana sai a raɗa, mai tari kuma ya san abin da zai yi da fuskarsa. Ya ce: "Kin ga, mu ma sai rana ta faɗi muke ci. Sai dai mu ba don Allah muke yi ba."

Daga ranar ban ƙara yi masa tsiya a kan shofaj ba. Na riƙa zuwa da safa biyu.

Ba zan ce labarinsa duka fari ne ba. A hawan da ke ƙasa da nasa akwai wata tsohuwa 'yar Polan, Madam Halina, wadda in ta haɗu da shi a matakala takan juya fuskarta bango har ya wuce. Wata rana ta tare ni ina ɗauke da cefane ta ce in san wanda nake wanke wa kwano. Ta ce irinsu ne suka zo ƙauyensu tana yarinya, ita kaɗai ta fita daga gidansu, ta cikin gonar dankali. Ba ta ko ɗaga murya ba. Da muka zauna shan ruwa na kasa cin miyar, na tambaye shi kai tsaye, don ban iya zagaye-zagaye ba. Ya daɗe yana juya cokali. Ya ce ba ƙauyensu ba ne, nasu yankin daban. Sannan ya ce akwai wani ƙauyen, kuma da ya ce a bari da an bari, bai ce ba. Kwana biyu ban je ba. A na uku na tuna babu mai sayo masa burodi, na hau bas ina jin haushin kaina da shi gaba ɗaya. Bai tambaye ni inda na shiga ba, ni ma ban sake tayar da zancen ba, amma ban ƙara yi masa kallon da nake yi masa da farko ba.

Maganar 'yarsa ita ce ta fito a ƙarshe. Matarsa 'yar aikensu ce, mai kai saƙo tsakanin ƙauyuka. Ta haihu da kaka, sanyi ya kama su, ta shiga rami da jaririyar. Jariri kuwa ba ya jin a yi shiru. Mutanensa kallonsa kawai suke yi duk lokacin da ta tsala kuka. Shi ne kwamanda, shi ya ba da umarni a fitar da jaririyar. Matar ta ɗauki yarinyar ta kai ta wani ƙauye ta ajiye a ƙofar wasu mutane da suka sani, ba su da haihuwa. A hanyar dawowa aka bi sawunta a ƙanƙara. Ta gane ana bin ta, sai ta bar hanyar rami ta nufi wani wajen, can aka cim mata aka kashe ta. Shi ya fita ƙasar da ƙafa daga baya, da takardun wani mamaci. Ashe Mikola ma ba sunansa ba ne.

Sunan yarinyar da na ƙauyen, shi kaɗai ya rage a duniya da ya san su tare, kuma bai taɓa furta su ba, ko shi kaɗai a ɗaki. Ya ce a wancan zamani in aka san 'yar wane ce, ita da waɗanda suka riƙe ta duk a jirgin ƙasa za a loda su zuwa inda ba a dawowa. Abin da aka fara koya musu ke nan, abin da ya koya wa yaransa na daji ke nan: wanda kake so, ka manta sunansa a bakinka.

To ga shi ƙasar ta buɗe. Akwai wani Musyu Taras a Paris, ɗan 'yan gudun hijira, haifaffen Faransa, da zai tuƙa motar magunguna zuwa can bayan bikinsu. Ya zo Vénissieux takanas, mutum mai fara'a da ƙaton gashin baki, ya ce in Baba ya ba shi suna da ƙauye zai nemo ta, ko kabarinta ne. Baba ya ba shi shayi ya sallame shi. Bayan ya tafi ya ce mini duk wanda ya tambayi suna aiko shi aka yi. Na ce Baba, waɗanda kake tsoro ai sun watse, ƙasarsu ma babu ita. Ya ce haka aka faɗa a rediyo. Musyu Taras ya bar mini lambar wayarsa a matakala, ya roƙe ni in lallaɓa tsohon, don motar ba za ta jira ba, kuma tarin nan nasa bai yi masa daɗin ji ba.

Na lallaɓa, na yi faɗa, na yi fushi. Goman ƙarshe ta shiga, ƙanƙara ta fara narkewa a kan rufin motoci, magudanai na ta gudu. Wata yamma bayan ya ce mini "Ci", bai zuba miyar ba. Ya zauna ya kafa hannuwansa a tebur ya ce ya yi tunani. Ba zai faɗa wa mai gashin baki ba. Ni zai faɗa wa, don ni daga wata ƙasa nake da ba ruwanta da kowa, ni kuma in kai. Ya buɗe baki. Na ga laɓɓansa na motsi, jijiyar wuyansa ta miƙe, zufa ta feso masa a goshi a cikin ɗakin nan mai sanyi, amma ko sauti bai fito ba. Ya sake gwadawa. Tsoho ne da ya girmi mahaifina, yana wahala a gabana, na kasa kallo.

Sai na yi abin da duk 'yar gidanmu za ta yi, na nema masa mafita daga kunya. Na ce: "Baba, kada ka matsa wa kanka. A wajenmu ma uba ba ya kiran sunan 'yarsa ta fari. Mahaifina har yau bai taɓa faɗin sunan Yayata ba, sai dai ya ce yarinyar nan. Ba ƙi ba ne, so ne ya yi yawa."

Ya tsura mini ido. Ya tambaya ko duk mutanenmu haka suke, na ce yawanci. Sai ya yi dariya, da murya, karon farko da na ji ainihin muryarsa, har ya manta bai rufe baki ba. Ya ce ashe akwai ƙasa guda ta irinsa bai sani ba. Kafaɗunsa suka sauka, ya zuba miya, ya ci da yawa. Ya ce: "To bari ki gama azuminki. Ranar bikinku ai ana ba yara kyauta. Ranar zan ba ki." Na koma Bron ranar ina jin daɗi a raina, wai na kwantar wa tsoho da hankali.

Ranar salla rana ta fito fes, irin wadda ba ta da zafi sai haske. Muka yi idi, muka wuce Rillieux gidan Hajiya Mariyama, aka ci shinkafa da naman rago, aka yi ta kiran gida a wayar Hajiya kowa minti kaɗan. Da la'asar na ƙulla masa cincin da dabino a leda, tunda nasa azumin bai ƙare ba, na hau bas da sabon lalle a hannuna. Na buga ƙofa shiru. Madam Halina ce ta leƙo daga ƙasan matakala ta ce an tafi da shi asibiti tun da hantsi. Ta ji faɗuwar abu mai nauyi a saman kanta, ta saurara ba ta ji ihu ba, ba ta ji komai ba, shirun ne ya sa ta kira 'yan kwana-kwana, waɗanda a nan su ne ke kai ɗauki in mutum ya faɗi. Ta faɗi haka ta rufe ƙofarta.

Jini ne ya hau masa kai. Ɓarin jikinsa ya mutu, Faransancin da ya yi shekaru yana tarawa ya goge kaf, sai harshen uwarsa ya rage. Kuma tsohon da ya ƙare rayuwarsa a raɗa yanzu magana yake da ƙarfi, ba tsayawa, har ma'aikatan jinya suka rufe masa ƙofa. Ya gane ni, don ya kama hannuna da hannunsa mai rai ya matse. Na ji kalmomin suna fita ɗaya-ɗaya, da ɗan hutu a tsakani, na san sunaye ne. Na ruga waje na nemi wayar kan titi na kira Paris ina kuka, na ce Musyu Taras ka zo, yana faɗi, ni kuma ba na ji.

Washegari ya iso ta jirgin ƙasa. Ya zauna bakin gado ya sunkuyar da kai yana saurare tun azahar har rana ta yi sanyi, ni ina tsaye jikin taga. Ya ce mini Baba kiran suna yake yi irin na soja. Sunayen daji ne da suke laƙaba wa juna, Shaho, Tsawa, Kerkeci, Maƙeri, kowanne in ya kira sai ya faɗi inda ya faɗi. Can kuma ya shiga wasu sunayen, fuskar Musyu Taras ta canza. Ya ce waɗannan ba na mutanensu ba ne, sunayen 'yan Polan ne, gida-gida, bai ƙara bayani ba. In ya kai ƙarshe sai ya koma farko.

Na ce to ita fa? Ya ce bai ji ba tukuna. Ya matsa kusa da kunnen tsohon ya tambaye shi da harshensu, a hankali, yadda ake yi wa yaro: yaya sunan 'yarka, wane ƙauye ne?

Baba ya yi tsit. Idonsa mai kyau ya juyo ya tsaya a kan mai tambayar, ya daɗe. Sannan ya saki hannuna, ya ɗaga yatsa, ya ɗora a kan karkatattun laɓɓansa.

Na durƙusa na ce Baba ni ce, Rakiya, salla ta yi, ina kyautata? Na faɗa da Faransanci, na faɗa da Hausa. Ya kalle ni da tausayi kamar yadda ake kallon mai magana a bayan gilashi, ya shafa lallen hannuna da babban yatsa. Musyu Taras ya fassara masa, amma da ya ji tambayar ta fito da harshensu daga bakin namiji sai ya sake rufe baki. Cutar ta buɗe duk abin da ya binne, matattunsa da waɗanda aka kashe yana gani, ta zubar da su a gaban baƙi. Yarinyar kaɗai ta kasa ƙwacewa daga hannunsa.

Bai kai bikinsu ba. Mu uku muka raka shi, ni da Musyu Taras da limamin cocinsu, aka rubuta sunan wani mutum daban a kan kabarin. Motar magunguna ta tafi a kan lokacinta.

Na yi kukan tsohon nan fiye da yadda na zata, kuma har yau ban san ko ya cancanta ba, ban kuma daina ba. In 'yar tana raye yanzu ta kusa tamanin, a ƙasar da yaƙi ya sake komawa. Wataƙila an gaya mata tsintar ta aka yi a bakin ƙofa, ta girma tana ganin ba wanda ya so ta. Jiya bayan mun sha ruwa aka nuno wasu tsofaffin mata a talabijin, an fito da su daga ɗakin ƙarƙashin ƙasa, sun rufe ido saboda hasken rana. Na matsa kusa ina duba fuskokinsu ɗaya bayan ɗaya, ko zan ga doguwa mai manyan hannuwa. Nana ta ce Mama wa kike nema? Na ce wata ce nake da saƙonta. Ta ce yaya sunanta, ta duba mini a waya.

Na ce ban sani ba.